Da'ira, Alwatika da Murabba'i: Abubuwan da ya kamata ka sani game da alamomin Squid Game

Duk wanda ya taɓa shiga Race Course a Kumasi da hantsi ya san wurin bai yi kama da sunansa ba. Sunan na nufin filin sukuwa, domin a zamanin Turawa nan ake tseren dawakai. Yau abin da za ka tarar shi ne buhunan albasa, tarin doya, motocin trotro, da 'yan mata kayaye ɗauke da daro wanda ya kusa fin su nauyi. Da yawa cikin masu kasa kaya a nan sun iso ne bayan an tashe su daga Kejetia, lokacin da aka fara sake gina kasuwar a 2015.

Sunan wurin ne ya sa nake ganin mutanensa sun fi kowa cancantar a warware musu alamomin Squid Game, fim ɗin Koriya ta Kudu mai dogon zango da samari suka yi ta tura wa juna a waya. A farkon labarin an nuna wani mutum yana zuba kuɗin mahaifiyarsa a cacar tseren dawakai. A ƙarshen zango na farko kuma aka faɗa masa a fili cewa shi da abokan wasansa su ne dawakan, wasu can daban ne ke zuba kuɗi a kansu. Tsakanin waɗannan wurare biyu akwai siffofi uku da suka cika ko'ina: da'ira, alwatika da murabba'i. Wanda bai kalli fim ɗin ba ya sani cewa bayanin nan zai tona masa wasu asiran labarin.

Wane fim ne wannan?

Hwang Dong-hyuk ne ya rubuta shi kuma ya ba da umarni. Ya fara rubutun a 2008, lokacin da shi kansa bashi ya yi masa katutu, ya kuma shafe kusan shekara 10 kamfanoni suna ƙin karɓa. Netflix ta fitar da zango na farko mai kashi 9 a ranar 17 ga Satumba 2021, na biyu a ranar 26 ga Disamba 2024, na uku kuma a ranar 27 ga Yuni 2025.

Ana tara mutum 456 waɗanda bashi ya kai su maƙura, a kai su wani tsibiri, a sa su wasannin yara guda 6. Wanda ya faɗi, harsashi ne rabonsa. Kowane rai da ya salwanta yana ƙara won (kuɗin Koriya) miliyan 100 a cikin wani ƙaton asusun gilashi da ke rataye a saman ɗakin kwanansu, har jimillar ta kai won biliyan 45.6, wato kimanin dala miliyan 38 a canjin 2021. Hausawa sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. A Koriya ta Kudu ta wannan shekarar, bashin da ke kan iyalai ya haura darajar duk abin da ƙasar ke samarwa a shekara guda, shi ya sa 'yan ƙasar suka ga kansu a cikin labarin tun kafin sauran duniya ta gani.

Daga ina siffofin uku suka fito?

Tushensu biyu ne. Na farko wasa ne da yaran Koriya suka saba yi a lunguna a shekarun 1970 da 1980. Ana zana fili a ƙasa: murabba'i, a ɗora masa alwatika, a sa da'ira a sama da ƙasa. Zanen yana kama da wata dabbar teku mai zara-zaran hannuwa da yawa, daga nan wasan ya sami suna. Masu kai hari suna tsalle da ƙafa ɗaya har sai sun ƙetare ƙugun zanen, masu tsaro kuma suna ture su waje. Wanda ya yi langa a dandali zai gane shi nan take: ƙafa ɗaya a sama, kafaɗa tana aiki, kowa yana ƙoƙarin kayar da ɗan'uwansa.

Tushe na biyu yana cikin rubutun Koriya. Sunan fim ɗin a harshensu shi ne Ojingeo Geim. Harafin da ya buɗe sunan da'ira ne, na gaɓa ta biyu yana da siffar alwatika, wanda ya rufe sunan kuma murabba'i ne. Don haka katin gayyatar da ake miƙa wa wanda za a yaudara, mai siffofi uku a gaba da lambar waya a baya, sunan wasan ne a taƙaice. Wasu masu kallo sun alaƙanta siffofin da maɓallan PlayStation, kuma lallai akwai kama, amma asalinsu shi ne zanen ƙasa da haruffan suna.

Wa ke sama da wa a cikin masu gadi?

Duk ma'aikatan tsibirin suna sanye da kaya iri ɗaya masu launin hoda mai duhu, da baƙin takunkumi da ya rufe fuska ruf. Farin zanen da ke goshin takunkumin ne kawai ke nuna matsayi. Hwang ya ce daga gidan tururuwa ya ɗauko tsarin, inda kowace ƙungiya take da aikinta guda.

Mai da'ira shi ne a ƙasa. Shi ke raba abinci, ya share jini, ya ɗauki gawa ya sa a akwati, ya kai ta wurin ƙonawa. Ba ya riƙe makami, ba ya buɗe baki sai na sama da shi ya ba shi izini.

Mai alwatika soja ne. Shi ke rataye da bindiga mai sarrafa kanta, shi ke harbe wanda ya faɗi wasa, shi ke tsayawa a ƙofa. A zango na biyu aka nuna mana fuskar ɗaya daga cikinsu, No-eul mai lamba 011, wadda ta tsero daga Koriya ta Arewa ta baro 'yarta a can. Talaucin da ya kawo 'yan wasa tsibirin shi ne ya kawo ta, bambancin kawai ita an miƙa mata bindiga.

Mai murabba'i shi ne manaja. Shi ke karanta dokokin wasa, ya amsa tambayar 'yan wasa, ya zauna gaban na'urorin sa ido, ya ba soja da lebura umarni.

Akwai hanya mai sauƙi ta riƙe wannan jeri: ƙirga kusurwa. Da'ira ba ta da ko ɗaya, alwatika tana da uku, murabba'i yana da huɗu. Yawan kusurwa, yawan iko. Idan ka ɗaga ido sama da su za ka ga takunkumin shugabansu cike yake da kusurwoyi kamar dutsen da aka sassaƙa.

Me ya sa buɗe fuska ya zama laifin kisa?

Labarin zuciya a tambayi fuska, in ji Hausawa. Wanda ya tsara tsibirin ya san haka, shi ya sa ya hana fuska fitowa. Kowane ma'aikaci yana kwana a wani ɗan ƙuntataccen ɗaki mai lamba, da kyamara a kansa. Dokokinsa uku ne: kada ya fita ba takunkumi, kada ya yi hira ba izini, kada ya bar ɗaki ba izini.

A kashi na uku na zangon farko, wani ɗan wasa ya ƙwace bindiga ya tilasta wa wani mai murabba'i ya cire takunkumi. Sai ga fuskar saurayi ɗanye shar, sa'an ɗan cikinsa. Ba a jima ba shugaban wasannin ya iso ya harbe manajan da hannunsa. Wannan wuri ɗaya ya isa ya nuna maka darajar murabba'i: yana ba mutum ikon yi wa na ƙasa tsawa, amma ba ya kare shi daga harsashin na sama.

Wani ɗan sanda mai suna Hwang Jun-ho, wanda ya saci jiki ya shiga tsibirin neman yayansa, ya ƙara tona raunin tsarin. Da farko ya sa takunkumin lebura mai lamba 29. Daga baya ya tsinci na manajan da aka kashe ya ɗora a fuskarsa, nan take sojoji suka fara yi masa biyayya. Zanen goshi suke girmamawa, ba su san wa ke bayansa ba, ba a kuma yarda su tambaya ba.

Su wa ke sama da murabba'i?

Mataki na gaba shi ne mai baƙaƙen kaya da ake kira Front Man, wato jagoran wasannin. Sunansa Hwang In-ho, tsohon ɗan sanda, kuma shi ne yayan da Jun-ho ke nema. Shi ma ɗan wasa ne a da: ya ci gasar 2015 da lamba 132. Wanda ya sha dukan tsarin ya tsira, shi aka ɗauko aka ba ragamarsa.

Sama da shi akwai manyan baƙi, attajiran da ke zuwa kallo daga ƙasashen waje. Su ba a zana musu da'ira ko murabba'i ba. Takunkuminsu na zinariya ne masu ƙyalli, da siffar namun daji irin su zaki da damisa da barewa. Suna kishingiɗe suna shan giya, suna caca a kan wace lamba za ta faɗo daga gadar gilashi, ɗaya daga cikin wasannin. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Can ƙololuwa kuma akwai wanda ya kafa wasan, mai takunkumin mujiya, tsuntsun da ke gani cikin dare. Shi ne Oh Il-nam, wani tsoho mai ciwon ƙwaƙwalwa da kowa ke tausayi, wanda ya ajiye takunkuminsa ya sa koren kaya ya shiga cikin 'yan wasa da lamba 001. Wanda ya fi kowa iko a tsibirin bai ɗauki wata alama a goshi ba, ya zauna a tsakiyar waɗanda ya shirya hallakawa yana cin abinci tare da su. Wannan shi ne abin da ya fi tsaya mini a rai a duk fim ɗin.

Me lambobin ƙirji ke nufi?

Da zarar mutum ya farka a tsibirin, an raba shi da tufafinsa da wayarsa da sunansa. Ana ba shi koren kayan motsa jiki irin na 'yan makaranta, da lamba a ƙirji da baya. Seong Gi-hun, jarumin labarin, shi ne 456, na ƙarshe. An kore shi daga kamfanin motoci bayan yajin aiki, abin da marubucin ya gina a kan yajin aikin ma'aikatan Ssangyong na 2009. Cho Sang-woo mai lamba 218 ya yi karatu a babbar jami'ar Seoul, unguwarsu duka tana alfahari da shi. Kang Sae-byeok mai lamba 067 'yar gudun hijira ce daga Koriya ta Arewa. A waje akwai tazara mai yawa tsakaninsu, a ciki kuwa farashin kowannensu won miliyan 100 ne.

Wanda ya fi kusa da zuciyar ɗan unguwar zango shi ne Ali Abdul mai lamba 199, Musulmi ɗan Pakistan da ya je ci-rani. Injin masana'anta ya cinye masa yatsu, maigidansa ya riƙe masa albashin wata 6. Shi ne ya riƙe Gi-hun da hannu ɗaya a wasan farko ya hana shi faɗuwa. Yana kiran Sang-woo maigida, har Sang-woo ya ce ya riƙa kiransa yaya. A wasan 'yan duwatsun gilashi, wannan yayan ne ya musanya masa jakarsa da tsakuwa ya bar shi ga bakin bindiga. Duk gidan da ya taɓa tura ɗa ko 'ya aikatau ƙasar waje ya san irin wannan labari.

Laima, akwatin gawa da bangon ɗaki

A wasa na biyu ana ba kowa alewar sukari mai zane a tsakiya, a ce ya fitar da zanen da allura ba tare da ya fasa ba. Zanen huɗu ne: da'ira, alwatika, tauraro da laima. An sa su zaɓa kafin a gaya musu wasan. Alwatika ta fi sauƙi, laima mai lanƙwashe-lanƙwashe da siririn mariƙi ta fi wuya. Masu wasan suna alfahari da cewa kowa daidai yake a tsibirin, alhali tun daga zaɓen farko wani ya sami hanya miƙaƙƙiya, wani ya sami mai sarƙaƙiya.

Akwatunan gawa baƙaƙe ne, an ɗaure su da ƙyalle mai launin hoda kamar kayan tsaraba. Haka mai wasan yake kallon abin da yake yi: a ganinsa alheri yake yi wa matalauta, har mutuwarsu kyauta ce daga gare shi.

Sai bangon ɗakin kwana. Tun daren farko an zana duk wasannin da ke tafe a jikinsa, amma gadaje masu hawa-hawa sun rufe zanen. Sai da mutane suka mutu aka riƙa kwashe gadajen, sannan ya bayyana, lokacin da sanin ba shi da sauran amfani.

O da X: zaɓen da ke raba 'yan wasa

Yarjejeniyar da kowa ya sa wa hannu ta ce za a iya tsayar da wasa idan masu rinjaye suka yarda. Bayan wasan farko ya ci mutum 255, sauran 201 suka kaɗa ƙuri'a, 101 suka ce a tsaya, 100 suka ce a ci gaba. Aka mayar da su gida. Da suka sake haɗuwa da masu bin su bashi, 187 suka dawo da ƙafarsu.

A zango na biyu aka mayar da zaɓen bayan kowane wasa, aka kuma manna wa kowa abin da ya zaɓa a ƙirji: shuɗiyar O ga mai son a ci gaba, jar X ga mai son a tafi gida. Ɗakin ya rabu biyu, aka fara zage-zage, aka kai ga kisa cikin dare. Masu bindiga ba su sa baki ba sai da aka yi ɓarna, domin kowace gawa ƙari ce ga asusu. Mutanen Gana, waɗanda ke dangwala yatsa kusa da alamar jam'iyya, laima ko giwa, a ranar zaɓe, sun san yadda alama ke iya shiga tsakanin maƙwabta biyu da ke shan ruwan famfo ɗaya.

Ina bambancinsu da alamomin da muka sani?

Kumasi gari ne da aka iya karanta alama tun kafin a san fim. A Ntonso, kan hanyar Mampong, har yau ana buga alamomin adinkra a jikin yadi. Sarkin waɗannan alamomi, Adinkrahene, da'ira uku ne, wata cikin wata, kuma yana nufin girma da shugabanci. Abin da ke ƙasan tsani a tsibirin Koriya shi ne a sama a wurin Tonawa, mutanen Asante. Haka laima: a ranar bikin Akwasidae a fadar Manhyia, girman laima ke gaya maka girman basaraken da ke ƙarƙashinta, alhali a fim ɗin ita ce zanen da ya fi jefa mai shi cikin halaka. Siffa ba ta zuwa da ma'ana daga sama, mutane ne ke ɗora mata.

Babban bambancin yana ga fuska. Asantehene Otumfuo Osei Tutu II, wanda ya hau kujera a 1999, yana zama a fili kowa yana ganinsa. Cikin zane-zanen da ake sassaƙawa a kan sandar okyeame, mai magana da yawun sarki, akwai hannu riƙe da ƙwai: mulki in ka matse ya fashe, in ka sassauta ya faɗi. Basaraken da ya ci amana ana iya cire masa takalmi ƙafarsa ta taɓa ƙasa, shi ke nan an tuɓe shi. A namu ɓangaren, ana naɗa wa Sarkin Zango rawani a gaban jama'a. A Kano rawani mai kunne biyu yana nuna jinin sarauta, dogarai kuma suna sa ja da kore da fuskarsu a buɗe. Ko amawalin da ke rufe bakin sarki bai ɓoye sunansa da na ubansa da ƙofar gidansa ba. Alama irin tamu tana cewa ga wanda za ka kai wa kuka, ga kuma wanda za ka kama da laifi. Ta tsibirin an ƙirƙire ta ne domin kada a taɓa sanin wa ya aikata.

Me wannan ya shafi ɗan zango?

Mai kawo gayyatar wasan ba ya zuwa da bindiga. Yana zuwa da kwat mai tsabta da jakar kuɗi, ya sami mutum a tashar jirgin ƙasa ranar da duniya ta yi masa zafi, ya bar shi ya ci won 100,000 a ɗan ƙaramin wasa, sannan ya miƙa masa kati. A Gana an ga irin wannan kati. Dubban mutane sun zuba jarinsu a DKM da Menzgold saboda alƙawarin ribar da ta wuce hankali. Na farko ya durƙushe a 2015, na biyu hukuma ta dakatar da shi a 2018, kuɗin jama'a suka maƙale. Akwai cacar ƙwallo da ta shigo cikin waya, akwai dillalin da ke yi wa yarinya alƙawarin aiki a ƙasashen Larabawa, akwai mai haɗa samari da hanyar Agadas zuwa Libiya. Kwaɗayi mabuɗin wahala ne, gaskiya ne, amma sau da yawa matsi ne ke tura mutum, kuma masu shirya tarkon sun san daidai lokacin da za su iso.

Don haka idan aka miƙo maka kati mai tambari mai kyau, yi tambaya uku kafin ka miƙa hannu. Wane ne mai abin, kuma ina za a same shi in ta ɓaci? Daga aljihun wa ribar za ta fito? In ka shiga, za ka iya fita da ƙafarka?

Ga iyaye kuma: launukan fim ɗin na yara ne, wasanninsa na yara ne, amma cike yake da jini da kisa, kuma don manya aka yi shi. A duba abin da ke cikin wayar yaro.

Sannan mu waiwayi masu da'irar da ke tsakaninmu. Yarinyar da ta ɗauko maka doya daga Race Course zuwa bakin mota tana da suna, tana da uwa a Arewacin Gana da ke jiran abin da za ta aiko. Ka tambayi sunanta, ka biya ta haƙƙinta cikakke kafin guminta ya bushe. Allah Ya raba mu da bashin da zai sa mu sayar da kanmu, Ya kuma tsare mu daga zama masu kallon wahalar 'yan'uwanmu.